Kaset ɗin da muka yi a bakin injin niƙa

Shekarun baya, a shekarar da aka yanke mu daga Kaduna aka ba Katsina jiharta, ina aikin injin niƙa a Dutsin-Ma. Ba na manta shekarar, domin washegarin sanarwar masu kalangu suka biyo ta titinmu, 'yan matan da suka kawo niƙa suka bi su a guje, suka bar mini kwanuka a layi ban san na wace da wace ba. Yinin ranar rabon faɗa na yi. Injin ba nawa ba ne, na wani Alhaji ne. Ni nawa in tayar da shi da safe, in zuba hatsi, in tare gari, da yamma in koma ɗaki fari fat kamar an tono ni daga cikin rumbu.

Gidanmu Barkiya ne, ta wajen Kurfi. Mahaifinmu manomi ne, mutum mai ƙarancin magana, wanda ko aron gatari ba ya son a je yi a maƙwabta. Ƙanena, wanda ke bi na, shi ne ya yi boko a gidanmu. Ya gama sakandare aiki bai samu ba, sai ya dawo wurina muna kwana ɗaki ɗaya. Ni da shi kamar ba ciki ɗaya muka fito ba. Ni sai in yini ban ce komai ba in ba cinikin niƙa ba, shi kuwa ko barci yake bakinsa na motsi. Mahaifiyarmu takan ce ranar da aka yi rabon magana shi ya karɓi nasa, ya karɓi nawa, bai kawo mini ba.

Kafin in kai ga zancen kaset, sai na koma baya kaɗan. Shekara uku kafin nan aka yi farin nan da gero ya bushe a tsaye. Rumbunanmu suka ƙare tun bazara ba ta yi nisa ba. Wasu magidanta suka tafi ci-rani, wasu suka riƙa zuwa ƙofar masu hali. Mahaifinmu bai yi ko ɗaya ba. Abin da ya yi shi ne, yakan taso daga Barkiya a keke tun duku-duku, ya iso wurina kafin a fara kawo niƙa, da ɗan buhu da tsintsiya. Sai ya durƙusa ya share garin da ya zube a ƙarƙashin inji da wanda ya manne a bango, wanda a ƙa'ida kaji ake share wa. Ya ɗaure a bayan keke, ya rufa da harawa don a ɗauka abincin awaki ne. A gida mahaifiyarmu ta tankaɗe yashin ta dama kunu. Na ce masa ya bari ni in riƙa tarawa ina aikawa, ya ƙi. Ya ce ni aka ba amanar wurin, in aka gan ni da buhu za a ce ina rage na mutane, shi kuwa rabon kaji yake ɗauka. Ƙanena ya taɓa ganinsa sau ɗaya, lokacin ya zo hutu ya kwana wurina. Da ruwa ya dawo aka yi amfani, ba wanda ya sake tayar da maganar a gidanmu, ko da wasa.

To, kusa da tasha akwai wani mai shagon kaset, mutumin kudu ne, Kirista, ya daɗe a Dutsin-Ma har Hausarsa ta nuna. Oga muke ce masa. Aikinsa juyar waƙa daga kaset zuwa kaset: na Indiya, na makaɗanmu, na wa'azi, na disko, duk abin da ka zo da shi. Can ƙanena ke yini. Wata rana wani ɗan'uwan Oga ya aiko masa da kaset daga Legas, na baƙaƙen fatar Amurka, irin waƙar nan da yaran yanzu ke kira hip hop. Mu a lokacin ba mu san tana da suna ba. Ƙanena ya ja ni har shagon don in ji. Na saurara na ce ni dai faɗa nake ji ana yi, kuma ba wanda ya zo rabo. Ya yi dariya ya ce ba faɗa ba ne, labarin unguwarsu suke bayarwa, ba su rerawa, magana kawai suke yi kiɗa na tafe da su. Ya ce in su sun iya da Turanci, me zai hana a yi da Hausa?

Abin da ya hana shi ne kiɗa. Mu ba gidan makaɗa ba ne. Ya je wurin wani tsohon makaɗin mahauta, wanda duk Dutsin-Ma aka san hannunsa a kalangu, ya roƙe shi ya buga masa. Tsohon ya tambaye shi wa za a yi wa waƙar, ya ce ba kowa. Ya tambaye shi su wa za su yi amshi, ya ce babu amshi. Tsohon ya ce to ya je ya dawo in ya san abin da yake so.

Ana nan, wata rana da hantsi yana zaune a kan buhu a wurin aikina, na ga yana kaɗa kai, leɓensa na motsi. Na ɗauka wuridi yake, har na yi murna. Can ya taso ya sa baki a kunnena, don in inji na aiki ba a jin magana, ya ce, "Yaya, kiɗan ga shi nan, kai ne zaune a kansa."

Duk wanda ya san tsohon injin nan mai gas ya san yadda yake bugu, tuf, tuf, tuf, ba ya kuskure. In ka cika masa hatsi sai ya yi nauyi ya sassauta, in ka rage sai ya yi sauri. Ni na yi shekaru ina jin wannan, ban taɓa jin komai a ciki ba sai ciwon kai.

Ranar wata Lahadi bayan Oga ya taso daga coci, ya ɗauko babbar rakodarsa ya zo. Alhaji ya yarda bisa sharaɗin dawarsa za a niƙa, kada a ƙona masa gas a banza. Gwajin farko ba a ji komai ba sai inji, muryar ƙanena kamar sauro a cikin hadari. Sai suka koma ɗakin ajiye buhuna da ke bayan bango, suka ja ƙofa, ƙarar ta ragu ta zama daidai. Matsalar da ta saura ita ce yadda zai gaya mini in ƙara ko in rage. Aka samo igiya aka ziro ta taga, aka ɗaura mini a hannu. In ya ja sau ɗaya in ƙara zuba, in ya ja sau biyu in rage. Haka muka yi har la'asar sakaliya, ina tsaye kamar akuyar da aka kai kiwo. Saboda haka in ana lissafin makaɗan ƙasar Katsina a sa ni a ciki, kayan kiɗana inji da buhun dawa. Sai dai ko kalma ɗaya ban ji ba daga abin da yake faɗa, bango na tsakaninmu.

Waƙa takwas ya yi, in za a kira su waƙa. Akwai ta karen mota, akwai ta mai takardar sakandare da ke yawo da ita har ta yage a ninki, akwai ta layin sayen sabulu da madara, akwai ta sauron Dutsin-Ma. Oga ya juya guda arba'in. Ƙanena ya je gidan hoto ya ɗauka da aron baƙin tabarau, hannu a ƙirji, fuska a murtuke kamar wanda aka ci wa gona. Aka manna a jikin kowane kwali, Oga ya rubuta suna da biro: Bakin Inji. Direbobi suka fara ɗauka, suka yi Kurfi da Katsina da ƙauyukan kan hanya da su.

Sai bayan sun tafi na zauna a shagon na ji kaset ɗin daga farko har ƙarshe. Na yi dariya a ta sauro. Da aka zo ta ƙarshe a gefe na biyu, sai na ji inji ya yi nauyi, na tuna wurin da ya yi ta jan igiya sau ɗai-ɗai yana neman in cika. Muryarsa ma ta sauka. Labarin shekarar fari ne, da mutumin da ke zuwa da tsintsiya. Bai faɗi suna ba, amma ya ce Babana, kuma duk ƙasar Kurfi an san ɗan wane ne mai wannan baki. Na ce masa ya san abin da ya yi kuwa? Ya ce ya sani, ita ce ma ya fi so duk a cikinsu. Ya ce kullum sarakuna da masu kuɗi ake yi wa waƙa da abin da ba su yi ba, shi ubansa zai yaba da abin da ya yi. Idonsa na ƙyalli yake faɗa. Burinsa shi ne ran Sallah ya ari rakoda ya kai gida, ya kunna wa Baba a zaure.

Masu sauraro kuwa kowa da abin da ya ce. Ɗaliban makarantun kwana, waɗanda muka zaci su za su fi so, suka ce ta ƙauye ce, ba ta kai ta Amurka ba, wai ana jin warin dawa a ciki. Dattawan majalisar bakin tasha suka ce yaron ya zama ɗan gambara, Allah ya shirya, boko bai yi rana ba. Wani ma'aikacin rediyo da ya zo ganin gida ya saurara da kyau, ya ce abin akwai hikima, amma bai san shirin da za a sa shi ba, don ba waƙa ba ce, ba wa'azi ba, ba wasan kwaikwayo ba. Tsohon makaɗin nan da aka kunna masa ya ce waƙa ba amshi tuwo ne ba miya, a ce wa yaron ya nemi sana'a. Direbobi da yaransu ne kawai suka rungume ta, sai 'yan matan da ke kawo niƙa, waɗanda suka haddace ta sauro suna yi mini ita da ihu a kan ƙarar inji. Ƙanena ya yi kamar bai damu ba, amma na lura ya rage cin tuwo. Yakan ce duk su faɗi abin da za su faɗa, mutum ɗaya yake jira ya ji.

Mutumin ya ji, amma ba a zaurensa ba. Ranar kasuwar Kurfi mahaifinmu ya kai wake. Wani mai shayi ya ƙure rakoda da kaset ɗin, mutane sun taru. Akwai wani taubashin Baba, abokin wasansa tun suna yara, wanda tsakaninsu ba a jin haushin magana. Da ya hango shi sai ya zari tsintsiya daga gaban mai sayarwa, ya zo ya durƙusa ya miƙa masa hannu biyu, ya ce, "Ranka ya daɗe Sarkin Shara, ashe naɗi aka yi ba a gaya muna ba?" Kasuwa ta ɗauki dariya. Wanda ya ba ni labari ya ce Baba ma ya yi murmushi, ya mayar masa da wasa kamar yadda aka saba, ya biya kuɗin tsintsiyar. Sannan ya ɗaure wakensa bai sayar ba, ya hau keke ya tafi.

Aka aiko mu zo. Muka same shi a zaure, tsintsiyar na jingine a gefensa. Muka gaishe shi ya amsa, ya tambayi aiki, ya tambayi Alhaji. Sannan ya dubi ƙanena.

"Mi na yi maka?"

"Baba, yabo ne. Wallahi yabo ne. Da ka ji ta har ƙarshe..."

"Na aike ka ka yabe ni? Abin da Allah ya rufa, kai ka sa a rakoda. Ni na duƙa a ƙasa don kada kowa shi san halin da gidana ke ciki. Yau mai shayi na saida shayi da shi."

Ƙanena ya buɗe baki, karo na farko a rayuwata na ga magana ta ƙi fito masa. Baba bai ɗaga murya ba. Ya ce ba zai yi masa baki ba, amma muddin akwai guda ɗaya da ke magana a ƙasar nan, kada ya sake taka masa zaure. Mahaifiyarmu na bayan zana tana ji. Da za mu tafi ta ba mu fura a ƙwarya.

A hanya na ce masa ya yi haƙuri, fushin iyaye ruwan sama ne, a bar shi ya wuce. Ya ce ba zai jira ba. Washegari ya ɗauki kekena. Oga ya san yawancin waɗanda suka saya, don garin a lokacin ba shi da girma. Shirin da suka yi shi ne, duk wanda ya mayar da nasa a ba shi wani kaset ɗin da yake so, waɗanda aka karɓo kuma a toshe ramin bayansu mai hana sake ɗauka da takarda, a juya waƙar Indiya a kai.

A nan abin mamaki ya fito. Mutanen da suka yi ta kushe kaset ɗin, da aka zo karɓa sai suka riƙa noƙewa. Wani ɗalibi ya ce nasa ya ɓata, sai da abokinsa ya tona shi a ƙarƙashin katifa. Wata tsohuwa a Birchi, jikanta direba ne ya kawo mata, ta ce ita ba ta gane rabin abin da yake faɗa saboda sauri, amma in aka zo ta ƙarshen nan sai ta sa a mayar mata, don ita ma a shekarar dusa ta ci, kuma ba ta taɓa gaya wa kowa ba. Sai da ta yi kuka ta bayar. Na ƙarshe da aka gano yana hannun tsohon makaɗin mahauta, ashe ya aiki wani ya sayo masa a ɓoye. Ƙanena ya ce da ya je, tsohon ya daɗe yana juya kaset ɗin a hannu, sannan ya ce, "Har gobe ba waƙa ba ce. Amma shekara arba'in ina kiɗa, ban faɗi gaskiya kamar wagga ba, don ba wanda zai biya ni in faɗe ta." Ya miƙa masa, ya ƙi karɓar musaya.

Ƙanena ya ɗauki kaka guda yana wannan yawo. Ya rame, ya yi baƙi. Saura uwar kaset ɗin, wadda aka ɗauka a bakin inji, tana cikin akwatin Oga. Ina wurin ranar da ya zo karɓa. Oga ya roƙe shi, ya ce ya bar wannan ɗaya, zai kulle ta a ƙasan akwati, ko matarsa ba za ta sani ba. Ya ce, "Babanka ba ya zuwa shagona, ɗan'uwa. Tsoho yana sauka daga fushi. Wata rana shi da kansa zai nema." Ni ma na sa baki. Ƙanena ya ce ya ji, amma ba zai iya durƙusawa gaban ubansa ya ce babu alhali akwai ba. Oga ya ce to shi hannunsa ba zai taɓa ta ba, kuma ba za a sa Indiya a kan wannan ba. Ya cire makirfo don kada komai ya shiga. Ƙanena ya sa kaset ɗin da kansa, ya danna jan maɓallin ɗauka, mai goge abin da ke ciki. Muka zauna mu uku muna kallon zaren na juyawa har gefen ya ƙare. Ya juya ɗaya gefen ya sake dannawa. Wani ya leƙo zai sayi batir, Oga ya ce masa an tashi.

Ranar Juma'a ƙanena ya je gida ya ce, "Baba, babu ko ɗaya." Baba ya ce, "To, madalla. Shiga ka gaida uwarka." Shi ke nan, aka ci tuwo tare. Ƙanena ya zauna a Barkiya ya kama noma, kuma ya iya. Sai dai surutun nan ya tafi. In na je gida mahaifiyarmu takan ce yanzu shiru biyu gare ta. Tsakaninsa da Baba ba faɗa, gaisuwa da zancen gona, iyakarta ke nan. Ina ganin kowannensu na jiran ɗaya ya fara.

Bazarar da ta biyo bayan wannan daminar aka yi sanƙarau a yankinmu. Ƙanena ya kwanta da ciwon kai, wuya ya ƙage, kafin a samu motar da za ta fito da shi daga dajin nan zuwa Kurfi abin ya yi nisa. Kwana kaɗan ya yi. Allah ya jiƙansa, ya sa ya huta. Bai yi aure ba, bai bar komai ba sai kaya kala biyu da takardar sakandaren nan da ta yage a ninki. Oga ya rufe shago ya zo har Barkiya gaisuwa, ya zauna a kan tabarma cikin mutane yana share ido da hularsa.

Bayan an yi sadakar arba'in na koma bakin aiki. Wata rana da hantsi, layi ya cika da masu niƙa, na ɗaga kai sai na ga Baba yana jingine keke. Rabonsa da wurin tun shekarar fari. Na yi sauri zan kashe inji, ya ɗaga hannu ya hana. Ya zauna a kan buhu, daidai inda ƙanena ke zama, yana saurare. Da na gama kwanon da ke ciki na kashe, na zo na durƙusa.

Ya ce, "Wanga ne kiɗan?"

Na ce shi ne.

Sannan ya ce, "Ba a samun ko guda? Ko wajen mutumin nan na kudu?"

Na ce, "Baba, ya cika umarni."

Ya kaɗa kai. Ya ce shi fa bai taɓa jin ta ba. Abin da ya shiga kunnensa a kasuwa kalmar tsintsiya ce da dariyar mutane, daga nan bai ƙara jin komai ba. Ya ce in faɗa masa abin da yaron ya ce. Na shiga lalube a kaina. Ranar ɗauka ina bayan bango, daga baya kuma ba sau da yawa na yarda na saurari ta ƙarshen ba, don tana tayar mini da hankali. Rubutu ban iya ba balle in ce na ajiye. Abin da na samu layi huɗu ne, na faɗa masa da muryata mai nauyi, ba kiɗa:

Damina ta yi ƙarya, gero bai yi kai ba,
Rumbu uku a gidanmu, ko ɗaya bai amsa ba,
Babana ya ɗau tsintsiya, bai je ƙofar kowa ba,
Ya share garin ƙasa, ba mu kwana da yunwa ba.

Ya ce in sake. Na sake. Ya ce, "Haka ya ce? Bai je ƙofar kowa ba?" Na ce haka ya ce. Ya tambaya ko akwai saura, na ce akwai da yawa, sun fi haka daɗi, amma ba na tunawa.

Sai ya tashi. Na ɗauka keke zai nufa. Ya je jikin bango ya ɗauki tsintsiyar da nake shara da ita, ya naɗe hannun riga, ya durƙusa a ƙarƙashin inji ya fara share gari, rana tsaka, mata da yara na tsaye suna kallo. Wata yarinya ta ce, "Baba kawo in share maka." Ya ce ta bari. Ya tara shi wuri ɗaya tsaf kamar yadda yake yi a da, ya jingine tsintsiya, ya karkaɗe gwiwa. Bai ɗauki ko ƙwaya ba. Ya ce in gaida Alhaji, ya hau keke.

Ni da Oga mun yi cigiya bayan haka, ko Allah zai sa wani ya juya ya ɓoye. Wani direba ya rantse yana da shi, muka bi shi har gida, aka kunna, sai ga Indiya. Daga baya Oga ya tsufa ya koma garinsu. Baba ya yi shekaru bayan nan, ya koma zuwa kasuwar Kurfi, kuma in taubashin nan ya kira shi Sarkin Shara yakan amsa. Duk zuwan da zan yi gida, in mun keɓe, sai ya ce, "Faɗa mini abin nan." Har ya rasu layi huɗun nan nake faɗa masa.

Yanzu da girma ya zo na shiga ajin yaƙi da jahilci, har na kai ina haɗa wannan da hannuna, a hankali, ina gogewa ina sakewa. Abu na farko da na rubuta da na iya haɗa baƙi shi ne layukan nan huɗu. Na zauna da biro ina jiran na biyar ya zo, bai zo ba. Yarana kan kunna irin waƙoƙin nan a waya, da Hausa tsantsa, har da masu yi musu sharhi a rediyo. Da na ce musu kawunsu ya riga kowa a ƙasar nan, da injin niƙa, suka ce in kunna musu su ji. Na ce babu. Na san ba su gaskata ba, kuma ban ga laifinsu ba.

Ba na ɗora wa kowa laifi. Baba yana da gaskiyarsa, mutum ya fi kowa iko da asirinsa, kuma ƙanena bai tambaye shi ba. Ƙanena ma yana da tasa. Abin da na ɗauka dai shi ne, in ɗana ya zo zai gaya mini abu, ko raina ya ɓaci tun a farko, nakan zauna sai ya kai ƙarshe. Har yau kuma in na wuce inda tsohon inji ke bugu, ƙafata kan tsaya da kanta, in ji kamar za a ja ni a hannu.

Abin da ya tafi ga shi: kaset arba'in da uwarsu ɗaya, waƙa takwas, da murya ɗaya da ba ta saura a ko'ina ba. Hoton ma ya bi kwalayen. Abin da ya rage layi huɗu ne, su ne na rubuta a sama.